Ni Goma, Uwarku Takwas

Labarin nan iri biyu yake yawo a gidanmu, kuma duka biyun ba daidai ba ne. Yusuf yana gaya wa abokansa cewa uwarku ta kayar da ni a zaɓen ƙungiya, har na yi fushi na daina cin tuwonta. Amina kuma ta riƙe cewa maguɗi aka yi mini, na yi shiru don kada a ce na yi rigima da matata a gaban jama'a. Ba a yi mini maguɗi ba, kuma tuwon na ci, har na nemi ƙari. Abin da ya faru ya fi haka tsawo, kuma ba a zauren ƙungiya ya fara ba. Ya fara ne a kujerar baya ta motata, da wata tsohuwa 'yar ƙasar Finland da lamba a tafin hannunta. Tunda ciwon baya ya hana ni dogon tuƙi yanzu, na samu zama, bari in rubuta muku yadda aka yi, ku daina ƙara masa gishiri.

Kun san ƙungiyarmu, amma kun san ta ne ta wajen shinkafa da lemo. Masu jin Hausa ne na kudu maso gabashin Landan, 'yan arewacin Najeriya da 'yan zangon Ghana, muna haya wani zaure a Lewisham don suna da walima da karatun yara da zaman makoki. Kwamiti na mutum biyar ke riƙe da makulli da littafin booking. Yadda muke zaɓe a da babu wahala: a kira suna, a ɗaga hannu, wanda ya fi yawan hannuwa ya hau. Mu 'yan Najeriya mun fi yawa, don haka kujerun nan biyar namu ne kullum. Ɗaya daga ciki tawa ce, ta harkar jana'iza. Ban yi boko mai nisa ba, a firamare na tsaya, kuma a kwamitin nan ni kaɗai ne ba dakta ba, ba injiniya ba, ba tsohon ma'aikacin gwamnati ba. Ba zan ɓoye muku ba, kujerar nan tana yi mini daɗi. Mutumin da yake wuni yana cewa fasinja "yes sir", in ya shiga zaure aka ce "Malam Sale, me ka gani?", wani abu ne.

Aikin gawa kuwa ba ni kaɗai nake yi ba. Ni da Issaka ne, mutumin Kumasi mai sayar da nama a kasuwar Lewisham, wanda kuke kira Baba Issaka. Ni ke riƙe buta, shi ke wanki. Hannunsa yana da taushi ga mamaci fiye da yadda bakinsa yake ga mai rai. Tun da daɗewa na sa a raina, ba tare da na faɗa wa kowa ba, cewa in tawa ta zo a ƙasar nan, shi zai wanke ni. Mutum in ya yi nisa da gida, irin wannan lissafin yake yi.

A shekarar da nake ba ku labari, 'yan Ghana sun yi booking ɗin zaure don saukar karatun 'ya'yansu. Ana saura 'yan kwanaki sai aka ce wani babban mutum daga gida zai biyo ta Landan, ana so a karɓe shi. Kwamiti ya zauna, aka yi cancel na saukar. Ina zaune a wurin. Na ce bai dace ba, aka ce an ji, aka wuce. Yaran suka yi saukarsu a falon wani, rabin baƙi a tsaye a kan matakala. Bayan wannan na je sayen nama, Issaka bai ɗago ya dube ni ba, yana ta sara ƙashi.

"Sale, mun gaji," ya ce. "Shara mu ne, ɗaukan tukunya mu ne, ɗaukan gawa mu ne. Kujera ku ne."

"Ka tsaya takara mana."

"Na tsaya sau nawa? Hannunmu duka a sama, naku ya fi. An gama. Wannan zaɓe mai zuwa shi ne na ƙarshe. In kun cinye biyar, mu mun tafi. Kowa ya wanke gawansa."

Ya miƙo mini leda, ya kira mai biye da ni. Na san shi, ba ya faɗin magana don a lallashe shi.

Ana cikin wannan ne Kaka Aila ta ƙwanƙwasa mana ƙofa. Kun tuna ta, tsohuwar nan 'yar Finland da ke flat ɗin da ke kallon namu a Thamesmead, wadda kuke hawo mata da kayan cefane in lif ya lalace. Tun tana budurwa ta zo ƙasar nan aikin nas, ta auri Bature ɗan Ingila, ya mutu ya bar ta. Ta ce tana so in kai ta ofishin jakadancin ƙasarsu a tsakiyar gari, zaɓen majalisarsu ya zo, kuma su na waje ana ba su damar jefa ƙuri'a kafin ranar. Na yi mamaki. Matar da ta bar ƙasarta tun kafin a haife ni, ƙafarta tana ciwo, za ta sa rigarta ta fita biki don zaɓen da ko sakamakonsa ba za ta gani a talabijin ɗin nan ba. Muna hanya na hango ta madubi tana buɗe tafin hannu tana dubawa, tana rufewa. Lamba ce ta rubuta da biro.

"Kaka, lambar waya ce?"

"Mutum ne," ta ce. "Wata mata ce nake so in zaɓa. Kada in manta."

"Ba ta da suna?"

"Tana da shi. Amma ba suna ake rubutawa ba."

Ni na san dangwala da yatsa a gida, na san gicciye da fensir a nan. Ban taɓa jin a zaɓi mutum da lamba ba, sai ka ce motar bas. Na tambaye ta, ta gaya mini. Takardar ƙuri'arsu ƙarama ce, a ninke, babu hoto, babu tambarin jam'iyya, babu komai sai da'ira ɗaya. Sunayen 'yan takara da lambobinsu suna manne a bango a inda ake shiga a keɓe. Ka rubuta lambar mutuminka a cikin da'irar, a buga wa takardar hatimi, shi ke nan. Ta ce kuma lambobin daga biyu suke farawa, ba a ba kowa lamba ɗaya. Na ce don me? Ta ce ita ma ba ta taɓa tambaya ba, haka ta tashi ta gani.

Na jira ta a mota. Da ta fito sai ta ce ba gida za mu je kai tsaye ba tukuna, al'adarsu ce in an yi zaɓe a sha kofi da ɗan burodi mai zaƙi. Na ce ina da fasinjoji. Ta ce fasinjoji za su jira, wannan sau ɗaya ne a shekara huɗu. Muka shiga wani ɗan shago, ta sa aka kawo kwanon sukari mai ƙwaya-ƙwaya, kuma a nan na yi karatun da ban yi a makaranta ba.

Tambayar da na fara yi mata ita ce, in matar nan tata ta faɗi fa? Ta wahalar da ƙafarta a banza ke nan. Ta ce a'a, ƙuri'arta aiki biyu take yi. Ta ɗauki faranti uku ta ce jam'iyyu ne. Majalisarsu mutum ɗari biyu ce, ƙasar a rarrabe take yanki-yanki, kuma kowane yanki ba mutum ɗaya yake aikawa ba, mutane da yawa ne, gwargwadon yawan jama'arsa. Kowace jam'iyya tana jera 'yan takara da yawa a yankin. Duk ƙuri'ar da ka ba mutum, ta shiga farantin jam'iyyarsa. Ta zuba sukari, wannan faranti tuli, wancan matsakaici, na ukun kaɗan. A cikin kowane faranti kuma ana jera mutane bisa ga wanda ya fi kawo sukari. Na farko a lissafa masa tulin farantin gaba ɗaya, na biyu a lissafa masa rabi, na uku kashi ɗaya cikin uku, haka har ƙasa. Sai a haɗa mutanen duka farantai a layi ɗaya, daga mai babban lissafi zuwa ƙarami, a yi ta ɗauka daga sama har kujerun yankin su ƙare.

Sai da ta maimaita, kofina ya huce. Na gane shi ne da na mayar da shi tasha. Kowace jam'iyya mota ce. Kowane fasinja ya zo da galan ɗinsa na mai, amma tanki ɗaya ake zubawa. Yawan man shi zai nuna mutum nawa motar za ta kai, girman galan ɗinka kuma shi zai nuna ko gidan gaba za ka zauna ko can baya. Na faɗa mata haka, ta yi dariya har tana tari, ta ce haka ne.

"To ƙaramin farantin nan fa?" na ce.

"In yankin yana da kujeru da yawa, zai samu ɗaya. Mutumin farko na ƙaramin faranti yakan fi na huɗu ko na biyar na babban."

"To wa ke mulki, in kowa ya samu kaɗan-kaɗan?"

"Babu mai samun rabi shi kaɗai. Dole ya nemi waɗanda ya gama zagi jiya, su zauna su kafa gwamnati tare."

"Ba a faɗa?"

"Ana yi sosai. A zaune."

Na mayar da ita gida, na ɗauki fasinjoji har yamma, amma kaina yana kan farantin nan na uku. Hannuwan su Issaka da suke ɗagawa kowane zaɓe, a ƙirga, a zubar. Ashe akwai ƙasar da ba a zubarwa. Abin da ya fi ɗaure mini kai shi ne, ba sabon abu ba ne a wurinsu, kakannin Kaka Aila ma haka suka yi. Mu kuma ko a gida ko a nan, duk inda na taɓa zaɓe, wanda ya fi da hannu ɗaya shi ke kwashe komai, kuma ban taɓa tunanin ana iya yi ta wata hanya ba.

Kwanakin da suka biyo baya na dame ku da dabino. In an gama cin abinci sai in jawo tire, in kasa dabino gida uku, in yi ta rabawa ina magana ni kaɗai. Fati ta ce, "Dad, can we eat the parliament now?" Uwarku tana wanke-wanke, tana jin mu. Rannan dai ta juyo tana goge hannu.

"Malam, wannan motar taka, wa ke da ikon fito da ita?"

"Kowa. In kun haɗu kun jera sunaye, kun zama mota."

"Kowa da kowa?"

"Kowa da kowa."

Ta ce to, ta koma kan tukunyarta. Ni kuma hankalina yana Kumasi, ban ji abin da ke cikin tambayar ba.

Na kai maganar wurin Dakta Bashir, shugabanmu. Ina so ku san wannan, don na ji Amina tana ambaton sunansa da wata irin murya: mutumin nan bai cuce ni ba. Ya saurare ni a motarsa a bakin masallaci bayan Juma'a, ya ce in ba shi lokaci. Ya je ya karanta yadda 'yan Finland suke yi, ya gyara mini wurin da na rikice, don ni na ɗauka na uku rabin na biyu ake ba shi. Shi ya rubuta ƙa'idar a shafi ɗaya, da Hausa da Turanci. Sannan ya dube ni ta saman tabarau.

"Malam Sale, ka san abin nan zai iya cin ɗaya daga cikinmu ko biyu?"

"Na sani."

"Ka san zai iya zama kai?"

Na ce na sani. A raina kuwa cewa na yi, wa zai taɓa ni? Duk gidan da aka yi rashi ni na fara isa. Duk matar da ta makale da tukunyar biki a tashar bas ni na ɗauko. A zaɓen hannu ina zuwa na biyu ko na uku kullum.

An sha gardama a babban taro. Alhaji Garba, ma'ajinmu na lokacin, ya ce mun bar tsarin Ingila da muke zaune a cikinta mun tafi aro daga ƙasar ƙanƙara da ko a taswira bai san inda take ba. Wani ya ce raba kan jama'a ne, za a ce ga layin Najeriya ga layin Ghana. Issaka ya tashi ya ce layin yana nan tun da daɗewa, ba a rubuta shi ba ne kawai. Aka amince da ƙyar. Da aka zo raba lambobi Alhaji Garba ya ce in dai haka ne shi a ba shi lamba ɗaya. Na ce babu lamba ɗaya, daga biyu ake farawa. Ya ce don me? Na ce ita ma mai abin ba ta sani ba. Aka yi dariya, ya haƙura.

Ranar rufe karɓar sunaye, layi biyu muke jira. Sai ga na uku. Mata uku: wata nas 'yar Zariya, wata mai ɗinki 'yar Ghana, da Hajiya Rabi, uwarku. A zaure na gani, a manne a bango, kamar kowa. Da muka dawo gida na ce me ya sa ba ta gaya mini ba.

"Na tambaye ka, ka ce kowa da kowa."

"Ai ban ɗauka ke ba ce."

"Malam, shekara nawa muna dafa wa zauren nan abinci a kan murhu biyu, ɗaya ba ya kamawa? Sau nawa na ce ka faɗa a kwamiti?"

Na faɗa, sau ɗaya, a ƙarshen taro, mutane suna neman takalmansu. Ban ce ta janye ba, ita ma ba ta tambaye ni ko ta janye ba. Muka yi makonni a gida ɗaya, kowa da lambarsa. Yusuf ya manna takarda a firij da lambobin biyu, yana cewa duk mai son ƙuri'arsa ya fara sakin remote ɗin talabijin.

Zaɓen ranar Lahadi aka yi, bayan azahar. Dakta ya sa an buga ƙananan takardu masu da'ira, an kafa labule a kusurwa. Tsofaffinmu sun sha wahala. Wata hajiya ta tsaya tana neman tawadar dangwalawa. Wani dattijo ya rubuta Bismillahi a saman takardarsa kafin lambar, da aka zo ƙirga aka tsaya muhawara, don Kaka Aila ta ce a wurinsu ƙarin rubutu yana ɓata ƙuri'a, mu kuma babu mai iya cewa Bismillahi ta ɓata wani abu. Aka ƙirga ta. Amma abin da na lura, wanda ban taɓa gani ba, shi ne matan da suka saba duban hannun mazajensu kafin su ɗaga nasu, yau kowace ta shiga bayan labule ita kaɗai ta fito tana gyara mayafi.

Bayan la'asar aka zuba takardun a kan tebur. Lissafin da ya shafe ni kaɗai zan ba ku. Layinmu ya samu sittin. Mutanenmu sun yi abin da suka saba, sun tula wa Dakta saboda girmamawa, sannan wani injiniya, sannan Alhaji Garba, sannan ni da goma. Na huɗu a motata. Kashi ɗaya cikin huɗu na sittin, sha biyar. Layin mata ya samu sha bakwai, uwarku ce a gaba da takwas, don haka sha bakwai ɗin duka nata ne a lissafi. Kujeru uku suka tafi layinmu, ɗaya ta tafi ga Issaka, ta biyar kuma tsakanin sha bakwai da sha biyar. Ƙuri'un da nake taƙama da su, na matan da nake ɗauko wa tukwane, ashe su ne suka koma motarsu.

Kafin a sanar, magana ta riga ta zaga zaure. Na ji wani yana cewa, mai goma ya faɗi, mai takwas ta hau, wannan wane irin lissafi ne? Wani ya ce kuma matarsa. Dakta ya ja hannuna zuwa wajen ajiye takalma.

"Malam Sale, jama'a ba za su fahimci wannan ba. Kai ka fi ta ƙuri'a, kowa ya gani. Dattawa suna cewa a yi wa Hajiya magana ta janye maka, a rufe zancen cikin mutunci. In ka yarda, ni zan sanar."

Don tausayi ya faɗa, na gani a fuskarsa. Ni kuma na so. Kada wani ya gaya muku ban so ba. Na tsaya ina kallon takalman mutane, ina jin yadda gobe za a yi ta zancena a Lewisham, mutumin da ya je ya ɗauko abin da ya kayar da shi a gaban matarsa. Amma akwai abin da na tambayi Kaka Aila a shagon nan, don ni mai yawan tambaya ne: in ɗan majalisa ya mutu ko ya sauka fa? Ta ce na bayansa a farantinsu ne zai hau, kujerar ba ta tsallakawa wani faranti. Ko uwarku ta janye, nas ɗin nan 'yar Zariya ce za ta zauna, ba ni ba. Dakta ma ya san haka, shi ya rubuta. Kafin kujerar ta zo hannuna sai an karya ƙa'idar, a ranar farko da aka gwada ta, don wani ɗan Najeriya ya faɗi. Na ɗaga kai, sai ga Issaka a bakin ƙofar zaure, hannu a aljihu, yana kallonmu. Kujerarsa ba ta cikin maganar. Amma na san abin da yake jira ya gani, kuma na san in ya gani, kujera ɗaya ba za ta riƙe shi ba.

Na ce wa Dakta ya sanar yadda ya fito.

"Ka tabbata?"

"Ban tabbata ba. Ka yi sauri kafin in sake tunani."

Ya sanar. Wasu suka yi tafi, wasu suka yi tsaki. Alhaji Garba ya zo ya dafa ni yana jajanta mini, na ce masa ya riƙe jajensa, goma ɗina tana cikin man da ya kai shi. Uwarku ba ta dube ni ba, ni ma ban dube ta ba. Na ciro makullin ɗakin da muke ajiye likkafani da makara daga zoben makullan motata, na aje a kan tebur. Zoben ya yi tauri, sai da na fasa farce. Issaka ya zo wucewa, kun san Hausarsu, mace ma "ya" ce.

"Matanka ya fi ka wayo, Sale."

"Na gani."

"Bar shi ya zauna. Kai dama surutu ne kake yi a kwamiti."

Muka shiga mota muka kama hanyar Thamesmead, har muka wuce Woolwich. Ku uku kuna baya kuna zungurin juna. Sannan uwarku ta ce, tana kallon titi, "An zo an ce in janye. Na ce sai na ji daga bakinka." Na ce ai ba ta ji ba. Ta ce ba ta ji ba. Da muka isa ta yi tuwo da miyar kuka, wanda Yusuf yake cewa na ƙi ci.

Washegari na ƙwanƙwasa wa Kaka Aila na gaya mata abin da tsarin ƙasarta ya yi mini. Na ɗauka za ta ba ni haƙuri. Ta ce a wurinsu kowane zaɓe sai an samu wanda ya fi wani ƙuri'a ya zauna a gida, kuma kowane zaɓe sai an yi ta gunaguni a kai. Na ce matar nan ta tafin hannunta fa? Ta ce ta faɗi, amma wani daga farantinsu ya shiga, wani saurayi da ba ta ma cika so ba. Ta ɗora ruwan kofi, ta ce in zauna, ai na yi zaɓe, ban sha nawa ba.

Kujerar ban sake samun ta ba. Na sake tsayawa, na sake zuwa can baya a motata, na bari. Mutane sun daina cewa "Malam Sale, me ka gani?", kuma na daɗe kafin in daina jiran a faɗa. Wannan shi ne abin da na biya, kuma ba zan ce muku bai yi ciwo ba. Kwamitin yanzu taronsa ya fi na da tsawo, don babu abin da ke wucewa sai an lallashi wani. Murhu dai an canja. Har yau kuma ban gama yanke wa kaina hukunci ba ko daidai ne takwas ta fi goma. Wani lokaci in ina jiran fasinja sai in sake kasa abin a kaina, in ga daidai ne, gobe kuma in ga da sauran magana.

Ba a daɗe da zaɓen ba wani tsoho ɗan Katsina ya rasu a asibiti, ba shi da kowa a nan. Da safe wayata ta yi ƙara ina ɗumama mota. Issaka ne, makullin yana hannunsa yanzu.

"Sale, kana ina? Ruwa ya yi zafi."

"Ai ba ni a kwamiti."

"Buta ba ya tambayan kwamiti. Zo."

Na kashe app ɗin fasinja, na juya mota zuwa Lewisham. Na same shi ya naɗe hannun riga, ya sa safar hannu, yana jira. Na ɗauki buta na tsaya a inda na saba tsayawa, ta wajen kai. Ya yi Bismillah, ya ce in zuba a hankali.